Kalmar Turancin da Ta Ci Hannun Kawu

Mun tashi daga Kano da asuba, ni da mahaifiyata. Ko lazimi ban ƙarasa ba na tarar Inna ta riga ta tsaya a zaure da jakarta. Sakkwato muka nufa, garin haihuwarta, wurin ƙanenta da muke kira Kawu. Mahauci ne, tun ina yaro da wuƙa a hannu na san shi. Kwanakin baya wuƙar ta zame ta yanke shi a babban yatsan hagu, ga shi kuma da ciwon suga. Ana gobe za mu tafi matarsa ta kira Inna tana kuka, wai hannun ya kumbura suntum, ya fara wari, shi kuma ya rantse ba zai je asibiti ba don yana da likitansa. Abin da ya fito da mu ke nan, mu kai hannun nan asibiti tun yana amsa sunan hannu.

Kuɗin mota kada ma ku tambaye ni. Abin da na biya mana na kujera biyu, a da sai ya kai mutum Sakkwato ya dawo da shi har da tsarabar kilishi. Duk da haka mu huɗu aka cusa a baya, wani bawan Allah mai buhun takalma ya ɗora mini rabin jikinsa tun daga Gwarzo, yana barci yana minshari abinsa. Damina ta yi kyau, masara da dawa kore shar ta kowane gefe, amma hanyar kam sai dai a ce Allah ya kyauta. Direba ya fi tafiya a gefen titi a kan titin kansa.

A Funtuwa muka tsaya shan shayi. Nan Inna ta ciro wayarta ta miƙo mini. Ta ce, "Kai da kake koyar da Turanci, duba min abin nan da ya sa kawunka taurin kai."

Gajeren bidiyo ne. Wata 'yar jarida ce tsaye a gaban wani shago mai koren ƙyaure a Mabera, unguwar su Kawu a Sakkwato, tana magana da Turanci, a bayanta mutane zaune a benci da ƙafafu da hannuwa a ɗaure. A ƙasan hoton wani ya liƙa rubutu da Hausa da manyan baƙaƙe: gidan talabijin ya tabbatar muna ƙarƙashin kulawar hukuma. Na kara wayar a kunne saboda hayaniyar tasha. Matar cewa take wuraren wankin ciwo irin wannan sun cika unguwanni, kuma underregulated ne. Na mayar baya na sake ji. Wallahi sai da shayin ya fita daga raina.

Ku da kuke bibiyar rubutuna kun san aikina ke nan, don haka ku yi haƙuri in ɗan yi muku darasi, ni ma a kan benci na yi wa Inna shi. Duk wanda ya taɓa zama a aji ya san under, wato anda, tana nufin ƙarƙashi. Ƙarƙashin tebur, ƙarƙashin bishiya, da haka aka koya mana ita a firamare, kuma daidai ne. In ta tsaya ita kaɗai a gaban regulation, to ana nufin abu yana ƙarƙashin doka, akwai mai sa masa ido. Amma in aka manna ta a jikin kalma suka zama abu guda, sai ta juya baya, ta koma nufin abin bai kai ba. Naman da aka sauke bai dahu ba, da ita ake faɗa. Ma'aikacin da ake biyansa abin da bai kai wahalarsa ba, irina, da ita ake faɗa. To haka wannan. Ba cewa take babu doka sam ba, cewa take dokar ta yi kaɗan, masu dubawa ba sa zuwa, kowa yana yin abin da ya ga dama da jikin mutane. A jarida da bakin masu sharhi aka fi jin ta, kuma ban taɓa jin an faɗe ta don yabo ba. A rubuce ɗan fili ne tsakanin ma'anonin biyu. A kunne kuwa ko filin babu.

Inna ta katse ni. "Ni ka bar dogon bayani. Yabo ne ko zagi?"

Na ce, "Inna, cewa take babu mai duba su."

Ta ajiye kofin, ba ta ƙara kurɓa ba.

Daga Tsafe zuwa Gusau mota ta yi tsit, kun san halin da hanyar take ciki, kowa bakinsa na motsi da addu'a. Har mai buhun takalma ya farka ya ciro carbi. Abin da ya riƙa ƙona mini rai shi ne shingaye. Ba ka gama gyara zama daga wannan ba sai ga wani. A duba lasisin direba, a duba takardun mota, a buɗe but. Wani mai kaki har ya ɗauko tukunyar kashe gobara ya juya gindinta yana neman ranar da za ta lalace. Na ce a raina, ikon Allah, tukunyar ƙarfe ta samu mai duba lafiyarta, mutumin da yake buɗe ciwon masu suga a Mabera bai samu ba.

A Talatar Mafara muka yi azahar, muka sha fura da nono mai sanyi wadda ita kaɗai ce abin daɗin da zan iya tunawa a ranar. Nan kuma Hausar Inna ta fara sauya riga. Matar da ta yi shekara da shekaru a Kano, sai ga ta tana ce wa mai fura, "Mi kika ce? Wanga ɗan ƙoƙo?" Kafin mu wuce Tureta ta daina cewa tafi, sai tahi. Na yi mata tsiya na ce ashe Kanancin aro ne, ta ce in rufe mata baki, ai mu Kanawa ne muka lalata Hausa.

Bayan la'asar muka shiga Sakkwato. An yi ruwa da safe, Mabera ta cika tam, lungun su Kawu ya zama tafki. Mai mota ya ce iyakarsa bakin titi, sai 'yan kabu-kabu muka hau, Inna ta tattare zani tana salati duk inda taya ta nutse.

Tun daga ƙofar ɗaki warin ya tare mu. Kawu yana kishingiɗe a tabarma, hannun a kan matashi, an naɗe shi da bandeji tamau, yatsun da suka leƙo sun yi baƙi. Mutumin da na sani yana saɓa cinyar sa a kafaɗa shi kaɗai, ya rame, idanunsa sun faɗa. Amma bakin yana nan. Ya ce, "Yaya, wahala kunka sha a banza. Likita ya ce mugun jini na ka hita." Na durƙusa na gaishe shi, na fara yi masa bayanin kalmar a hankali. Ko bari na kai ƙarshe bai yi ba. Ya ce duk 'yan bokon layinsu sun kalli bidiyon, kowa ya ce anda ƙarƙashi ce, ko ɗan firamare ya san haka, sai ni da na zo daga Kano da sabon Turanci.

Turancina bai motsa shi ba. Inna ce ta motsa shi. Matarsa ta kawo ruwa, Inna ta ture kwanon, ta zauna a ƙasa dirshan, ta ce ba za ta sha ruwan gidan nan ba, ba kuma za ta tashi ba, sai ya shiga mota. Ita ta goye shi yana jariri. Ya kalle ta, ya kalli bango, ya ce a miƙo masa hularsa.

A asibiti da aka warware bandejin, ma'aikaciyar jinyar ta juya kai gefe. Likita bai yi mana faɗa ba, da ma ya yi da na fi jin sauƙi. Cewa kawai ya yi da mun zo tun yatsan yana yatsa ɗaya, da wanki da allura da saita suga sun isa. Yanzu ruɓar ta wuce tafin hannu, in aka jira za ta nemi ransa. Washegari suka cire hannun daga wuyan hannu.

Yana ɗakin tiyata na kasa zama. Na hau kabu-kabu na ce a kai ni shago mai koren ƙyaure. Na tafi da niyyar rashin mutunci, ba zan ɓoye muku ba. Na tarar da benci cike, har da wata tsohuwa da ƙafa a cikin leda. Mai shagon kuwa mutum ne mai fara'a, da farar riga irin ta likitoci, yana fasa kafso yana barbaɗa garin a cikin ciwon wani, ya ɗaure tamau, ya ɗauki almakashin da ya gama aiki da shi ya nufi na gaba. A kan tebur waya tana jingine, bidiyon nan yana ta maimaita kansa don masu jira.

Na ja shi gefe na gaya masa abin da ake yi wa Kawu a daidai lokacin, na kuma gaya masa abin da matar take faɗa a bidiyonsa. Na zaci zai yi borin kunya. Sai na ga ya saki baki. Ashe shi ma bai sani ba! Ranar da 'yan jarida suka zo har lemo ya saya musu, ya ɗauka talla ce Allah ya kawo masa kyauta. Na ce to wace hukuma ce take duba ka? Ya ce, "Malam, gaskiya tun da na buɗe, in ba mai karɓar kuɗin shara ba, ba wanda ya taɓa leƙowa." Duk bayanin da na yi a Funtuwa bai kai wannan jimlar tasa fito da ma'anar kalmar ba. Ya yi wa Kawu addu'ar samun sauƙi, ya ce ƙaddara ce, ya juya ya ce wa tsohuwar ta matso. Wayar bai kashe ba. Na tsaya a bakin ƙofa na gaya wa mutanen benci abin da na sani da ƙarfi. Mutum ɗaya ne ya tashi, shi ma ina jin fitsari ya tafi.

Da Kawu ya fara cin abinci ya ce kada a kawo masa nama, ba ya son ganinsa. Na je Kwalkwalawa, can hanyar jami'a, inda masunta suke baza kifi a bakin titi kusa da masu albasa. Wuri ne mai kyau, fadama kore har iyakar gani, ɗalibai suna ta ciniki suna dariya. A wata tafiyar da na tsaya na ɗauki hoto. Na sayi tarwaɗa aka yi masa farfesu.

Da hannun dama ya sha, dungulmin yana kan cinyarsa. Can ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Ɗana, ka san a mayanka ko sa ba mu kayarwa sai likitan dabbobi ya duba shi. In ya ga hanta ta ɓaci, a gabanmu zai sa a zubar. Shi ya sa da anka ce hukuma na duba wurin ga, ban yi shakka ba. Na zaci mutum ya hi sa." Inna ta ja mayafi ta rufe fuska. Ni kuwa na fita baranda.

Inna ta zauna jinya, ni na dawo saboda makaranta. Shingayen suna nan inda muka bar su, an sake juya gindin tukunyar gobara. Abin da tafiyar nan ta koya mini mai ɗaci ne. Na daɗe ina ɗaukar kalmomi irin wannan kayan jarrabawa ne, a ci ko a faɗi. Ashe inda babu mai dubawa, har kalmar da aka ƙirƙira don a yi kuka da rashin dubawar sai a ɗauke ta a yi talla da ita, kuma ba wanda zai zo ya ce a sauke.

Na iso gida da magariba. Ko takalmi ban cire ba maƙwabcina ya yi sallama, dattijo ne, shi ma yana fama da suga, da wani ƙurji a diddige da ya ƙi warkewa. Ya yi mini sannu da hanya, ya tambayi mai jiki, sannan ya ciro wayarsa yana murmushi. Tun kafin ya juyo da ita na ji muryar 'yar jaridar nan.

Ya ce, "Malam, tunda ka san Sakkwato, yi mini kwatancen wurin nan. An ce hukuma ma ta san da shi."

Ban yi masa darasin anda ba. Na buɗe tawa wayar, na nemo hoton Kawu a gadon asibiti, na miƙa masa.