Magirbin Inna Dije

Ban taɓa mantawa da ranar da wata tsohuwa ta tsayar mana da aiki a ƙauyen Ƙofa ba. Shekarun saba'in ne, lokacin da kuɗin mai ya shigo, ma'aikatarmu ta sayi kyamara da Landiroba. Ni 'yar Kankia ce, daga wasan kwaikwayon rediyo aka ɗauko ni, kuma ni kaɗai ce mace a cikin ayarin.

Daraktanmu, Malam Isiyaku, ba ya aiki da rubutaccen labari. Sai ya shiga ƙauye ya zauna da tsofaffi, ya ji abin da ya faru da su, ya gaya mana a baki, mu kuma mu ƙirƙiri maganar a gaban kyamara. Wasu manyan ofis suna ganin wannan shiririta ce. Fim ɗin a kan ɗiban gwamna ne, wato zamanin da Turawa suka riƙa kwasar magidanta dole zuwa haƙar kuza a Jos. Ni ce matar da za a tafi da mijinta ana gab da girbi.

Ku na yanzu kuna ɗauka ku goge ku sake. Mu faifan fim ne, kowane ɗaya minti goma da 'yan kai, in ya ƙare ya ƙare. Sai an kai shi ƙasar waje an wanke kafin mu ga abin da muka yi. Ranar nan faifai biyu suka rage mana, kuma an ce kada mu nemi ƙari.

Da hantsi aka kafa kyamara a ƙofar wani gida. Sale, wanda ya fito a mijina, ya saɓa ƙunshinsa, ni kuwa na zube ƙasa na kama ƙafarsa ina kururuwa, irin kukan da aka san ni da shi a rediyo. Muna tsakiya sai ga wata tsohuwa ta ratso taron mata, ta shigo har gaban kyamara.

"Ɗiyata, tashi," in ji ta. "Ba haka aka yi ba."

Mai kyamara ya dafe kai, don rabin faifai ya tafi. Malam Isiyaku bai yi faɗa ba. Ya matso kusa da ni ya ce a hankali, "Inna Dije ce. Labarinta kike yi."

Na durƙusa na gaishe ta, na ce, "To Inna, yaya aka yi?"

"Dogari na tsaye, gero ya nuna, ga 'ya'ya ukku. Ina na ga lokacin kuka? Fura na ɗaure mashi. Da ya kai bakin zaure na ce, Malam, ina ka aje magirbi? Ya ce yana bayan rumbu. Shi ke nan maganarmu."

Na tambaye ta ko ya dawo. Ta girgiza kai, ta gyara ɗaurin zanenta.

Na ce wa darakta, "Yallaɓai, in ban yi kuka ba masu kallo za su ce matar ba ta son mijinta."

Ya ce, "Faifai ɗaya ne, ke za ki zaɓa."

Aka sake kunna kyamara. Na miƙa wa Sale fura, ya juya, na yi masa tambayar. Ya amsa bai waiwayo ba. Na zaga bayan rumbu na ɗauko magirbin, na tsaya ina gwada kaifinsa da yatsa har faifan ya ƙare. Inna Dije ta ce, "Yauwa," ta koma gida.

Sai da wata damina ta wuce kafin fim ya dawo. Muka ɗauki majigi muka tafi Kusada don mu nuna shi, na wuce Ƙofa don in ɗauko Inna Dije da kaina. Babban ɗanta ya tarbe ni a zaure ya ce ta rasu tun da bazara. Shi na ɗauko, ya zauna kusa da ni ya kalla.

Na yi shekaru a wannan aiki bayan nan, na fito a sarauniya, na fito a baiwa. Amma tun daga ranar ban sake shiga gaban kyamara ba sai na nemi wadda abin ya faru da ita, ko jikarta, na zauna na ji. Mutanenmu ba a fuska suke ajiye baƙin ciki ba, a hannu suke riƙe shi suna aiki. Duk wadda za ta fito a matsayinsu, hannun za ta fara koya.