Tutar da Ta Koma Gida Guntu-Guntu

A wannan wata na Rajab Malam Isiyaku Tela ya cika shekara goma da rasuwa. Daga gidan nan namu na Ƙuba aka ɗauke shi, aka yi masa salla a Harami, aka wuce da shi Baƙi'a. Ni matarsa ce, Rabi, uwar 'ya'yansa. Mu mata ba ma shiga Baƙi'a, iyakata bakin shinge in yi sallama in dawo. Ko da an bar ni na shiga ma ba zan gane kabarinsa ba, don kaburburan garin nan ba suna, ba rubutu, ɗan dutse ne kawai. Nakan yi murmushi in na tuna wannan, wai mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana ɗinka wa jama'a alamar da za su gane junansu, shi ga shi can kwance ba alama.

Duk wanda ya zo ziyara Madina a shekarun can ya ga aikinsa, ko bai san shi ba. Jagororin alhazai kan ɗaura tuta a kan sanda su ɗaga sama don kada tsofaffi su ɓace a cikin cunkoso. To, yawancin na mutanenmu daga kan kekensa suka fito. Kore, fari, kore na Najeriya. Lemo, fari, kore na Nijar, da 'yar ranar nan a tsakiya, wadda yakan ɗora kofin shayi ya zana ta. Kuma ba ya ɗinki shiru. Yana taka keke yana yi mini bayani, ni kuma ina tsince shinkafa ina ji. Koren Najeriya noma ne, farin zaman lafiya. Sai ya ce, "Rabi, kin ga noman sau biyu aka sa shi, amma je ki tambayi manomi ko ya ƙoshi sau ɗaya." Tutar ƙasar nan kuwa, sai da alwala yake taɓa ta, saboda kalmar shahada. Shi ya nuna mini cewa biyu ake haɗawa baya da baya don rubutun ya karantu ta kowane gefe, kuma ba a sassauto da ita ƙasa don mutuwar kowa, komai girmansa.

Amma akwai wata tutar da ba ta taɓa hawa sanda a garin nan ba. Ja ce, da guduma da lauje na rawaya a kusurwa. A lokacin tana cikin matashin da nake kwana a kai. Ni na farke matashin na sa ta, shi ya mayar da ɗinkin.

Ga yadda aka yi. Tun muna Kano, kafin a yi aurenmu, su uku ne abokai a wani kamfanin fata: shi, da Tanimu, da Lawan. Suna cikin samarin da ake ce wa 'yan gurguzu. Ba sa kiran juna da suna, sai Kwamared. Isiyaku ne mai keke, don haka shi ya ɗinka musu tuta. Ya ce jan jinin ma'aikata ne, guduma ta lebura, lauje na manomi, in su biyun suka haɗa kai ba mai taka su. Na taɓa ce masa, to ai an ce mutanen nan ba su yarda da Allah ba. Ya ce, "Wannan nasu ne, ban ɗauko ba. Abin da na ɗauko kada wani ya kwana da yunwa wani yana zubar da tuwo. In kin ga ya saɓa wa addini, gaya mini." Kuma shaida ce zan bayar, a zamanmu ban taɓa ganin asuba ta wuce shi ba.

Suka yi yajin aiki, Lawan ne riƙe da tutar a gaba. Aka kama shi, bai fito da rai ba. Ya bar matarsa da ciki, aka haifi yaro aka riƙa kiransa Audi, kamar yadda ake kiran wanda bai tarar da ubansa ba. Isiyaku ya tsinci tutar a ƙasa ya cusa a riga. Da zaman gari ya gagare shi muka taho aikin Hajji, muka samu kafili, wato ɗan ƙasa da ya tsaya mana, muka zauna. Su biyun da suka rage suka yi alkawari kafin rabuwa: in yaron nan ya girma, za a damƙa masa tutar a hannu, a gaya masa wane ne ubansa. Don dangin uwarsa sun ce masa uban ɗan iska ne mai neman rigima.

Kada mai karatu ya ɗauka ajiye irin wannan ƙyalle a nan wasa ne. Da an gan shi, iƙamarmu, wato takardar zamanmu, ta tafi, mu da yara sai jirgi. Shekara da shekaru ina kwana a kan abin da zai iya korarmu daga maƙwabtakar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. In baƙuwa ta zo ta jawo matashin za ta jingina, sai in ce, a'a Hajiya, wannan ya yi tauri, ga mai laushi. Na sha ce masa mu ƙone ta mu huta. Sai ya ce ba tasa ba ce, ta Audi ce, amana ce.

Ranar da aka nuna a talabijin ana sauke jar tuta a can Rasha, muna cin abinci. Ya tsame hannunsa. Maƙwabcinmu ɗan Sudan, mai yawan tsokana, ya leƙo ya ce, "Ya Isiyaku, khalas, mutanenka sun rufe shago!" Isiyaku ya yi dariya ya ce, "Shagon ya rufe, Usman, amma yunwa ba ta rufe ba." Da maƙwabcin ya fita sai ya ce da ni a hankali, su ma can ashe manyansu suna cin nama talaka yana layin burodi. Wannan ya taɓa shi, amma bai karya shi ba. Abin da ya karya shi daga gida ya zo, sanye da babbar riga.

Bayan 'yan shekaru muka ji Tanimu ya zo Hajji. Ya zama Alhaji Tanimu, babba a siyasa, da 'yan rakiya. A lokacin ciwon suga ya fara cin ƙafar Isiyaku, ya san ba zai ƙara ganin Kano ba. Ya aika aka gayyato shi. Ni kuwa na zage na yi tuwon shinkafa da miyar kuka, na soya kaji, na sa turare a gida kamar za a kawo amarya. Alhaji ya shigo yana faɗin, "Ina matar tamu? Rabi, ke ba kya tsufa ne?" Na ce, "Alhaji, kai ma ai tumbi kawai ka ƙara." Aka yi dariya. Suka rungume juna suna Kwamared, Kwamared, har da hawaye. Wallahi na ga hawayen da idona, kuma har yau ban san na mene ne ba.

Bayan an ci an sha, Isiyaku ya ce in kawo matashin. Ya sa reza ya farke. Da jan ƙyallen ya fito, sai na ga Alhaji ya waiga ƙofa. Isiyaku ya shimfiɗa ta a cinyarsa ya shafa, ya nuna masa inda ta yage ranar da aka kama Lawan, da inda ya yi mata faci. Ya ce, "Audi ya zama magidanci yanzu. Kai za ka iya, ba mai buɗe jakarka. Ka ba shi hannu da hannu, ka gaya masa ubansa ba ɗan iska ba ne." Alhaji ya karɓa da hannu biyu, ya ɗora a ƙirji. Ya ce, "A garin Manzo ka ba ni, Kwamared. In ban kai ba, Allah ya tambaye ni."

Na ji wannan da kunnena. Ni ban yi karatu mai zurfi ba, amma abin da ya shiga kunnena ba ya fita.

Ranar da za su tashi, Isiyaku ya ce sai mun je sallama. Na ce ƙafarka fa? Ya ce ko da rarrafe. Muka sayi dabino mai kyau, muka hau mota zuwa masaukinsu. Duk wanda ya san tafiyar alhazai ya san abin da ake yi a ranar. Jakunkuna iri ɗaya ne, jarkokin Zamzam iri ɗaya, don haka kowa kan nemi tsumma mai launi ya ɗaura a hannun kayansa, don ya gane nasa in an zube su a filin jirgi. Wata ta yaga tsohon ɗankwali, wani ya yanki bakin zani. Muka tarar da kaya jibge a ƙofar masauki. Can gefe guda ga na Alhaji, tuli guda: akwatuna, dardumai a naɗe, kwalayen dabino, jarkoki. Kowane ɗaya da jan ƙyalle a ɗaure.

Ni ban gane ba da farko. Shi ya gane, don tela ya san ɗinkinsa. Ya tsaya cak. Ya sunkuya a kan wani akwati, ya kama ƙyallen ya juya. Ga kalmasarsa, ninki biyu, irin wadda ba mai yi sai shi. A jikin wata jarka kuma ga ɗan rawaya, bakin laujen.

Alhaji ya fito yana saƙa carbi. Da ya ga inda idon Isiyaku yake, ko gezau. Ya dafa kafaɗarsa ya rage murya ya ce, "Haba Kwamared, kai ma ka sani. In aka kama ni da wannan a filin jirgi, ina zan sa kaina? Yara na neman abin ɗaura wa kaya, na ce ga shi. Ai ga shi za ta je gida, ko ba haka kake so ba? Guntu-guntu dai." Ya yi dariya. Ya ƙara da cewa, "Zamanin nan ya wuce, Isiyaku. Shi yaron zan nemo shi in yi masa alheri, ya fi masa tsumma amfani."

Na buɗe baki, don abin da ke bakina a ranar da ya fito da sai an taru. Isiyaku ya ɗaga mini hannu. Ya juya wajen Alhaji. Ya miƙa masa dabinon, ya ce, "Allah ya kai ku lafiya, Alhaji." Tunda nake da shi ban taɓa jin ya kira shi Alhaji ba sai ranar. Sannan ya durƙusa da ƙafar nan tasa mai ciwo, ya kwance ƙyallen da ke jikin jarkar, mai ɗan rawayan, ya sa a aljihu. Muka juyo. A mota, da muka kusa gida, ya ce, "Rabi, da ya ce mini tsoro yake ji, ai da na karɓi abata." Bai kai wani aikin Hajjin ba.

Ba na cewa Alhaji Tanimu ne ya kashe shi. Kwana ne ya ƙare, ciwo kuma dama yana nan. Amma ni na san mutumin da na fita da shi ran nan, na kuma san wanda na dawo da shi. Ya ci gaba da ɗinki, sai dai bayanin ya ƙare. Keke kawai ke magana. Daga baya na tambayi alhazan unguwar su Audi ko an neme shi. Ba a neme shi ba. Ko alherin da aka ce ya fi tsumma, bai gani ba.

Yanzu nakan zauna in ce, da Malam zai leƙo, me zai ce? Tutocin alhazai an daina kai wa tela, a shago ake saye, na roba-roba, bugun inji, in rana ta doke su sati guda sun koɗe. Kuma wai daga Sin ake kawo su, su da carbi da darduma. Na san zai yi dariya har ya yi tari, ya ce masu jar tuta sun zama 'yan kasuwar bakin Harami. Jikokinsa kuwa, in ranar bikin ƙasa ta zo, sai su fito da koriyar tuta suna tsalle, in na yi musu Hausa su amsa da Larabci, alhali takardarsu ta baƙi ce kamar tawa. Ƙaramar, mai ce mini Jadda, wato kaka, ta taɓa tambayata, "Jadda, mu wacce ce tamu?" Na ce je ki ci abinci. Da Malam ne, da ya zaunar da ita ya yi mata bayani har ta yi barci.

Alhaji Tanimu ma muna ganinsa, tunda aka sa mana tauraron ɗan'adam. Yana zaune a ofis, 'yar tuta kore da fari a kan teburinsa, yana cewa shi tun yana saurayi yake gwagwarmayar talaka, har abokinsa ya rasa rai a gefensa. Ranar da na ji ya ambaci Lawan, tashi na yi na kashe akwatin. Na yafe wa mutane da yawa a zamana, wanda ya ci mini fuska da wanda ya ci mini haƙƙi. Wannan kam na gwada, a cikin Rauda ma na gwada, abin bai sauka ba tukuna. Ba don siyasarsu ba, ni ban san gurguzu ba, ban kuma ce daidai ne ko kuskure ba. Amana aka ba shi a garin nan, ya ɗora a ƙirji, ya kira sunan Allah, sannan ya sa almakashi.

Me ya rage na Isiyaku? Kekensa na nan, na lulluɓe shi. Wani tsohon jagora ɗan Damagaram har bana da tutar da ya ɗinka masa yake zuwa, ta koɗe amma kalmasa ba ta saki ba. Sai kuma ƙyallen nan, bai fi tsawon tafin hannu ba, ja da ɗan rawaya a baki. Ya koma cikin matashi, ni na mayar da ɗinkin wannan karon, a karkace.

Don shi na yi wannan rubutu. Audi ɗan Lawan, ko kai ko wanda ya san ka: ubanka ba ɗan iska ba ne. Leburan fata ne da ya tsaya a gaba ranar da wasu suka tsaya a baya, kuma yana da aboki guda da ya riƙe masa amana har ƙafarsa ta gaza. In Allah ya kawo ka ziyara, ka yi salla a masallacin Ƙuba, ka tambayi mutanenmu gidan Rabi matar Tela. Abin da ya rage na gadonka yana wurina. Ba zan ƙara ba wa kowa saƙo ba. Hannu da hannu aka ce, kuma na tsufa, ka yi sauri.