Muna Dai Taɓawa

Ranar wata Alhamis ce, ƙarfe huɗu da rabi na yamma, a gefen filin ƙanƙara da ke cikin wani rukunin kantuna a Alƙahira. Mu huɗu ne a tsaye: ni, da kocinmu Bamisre, da baƙon da wata ƙungiyar Turai ta aiko neman ɗan wasa ɗaya, sai abokin ɗakina a jami'ar Ainu Shams, ɗan wasanmu kuma Bahaushen Nijar, wanda shi kaɗai ke jin Faransancin baƙon. A lokacin ni ɗalibi ne, mai tsaron raga na biyu a ƙungiyarmu ta hokin ƙanƙara, shekara uku ina zaman benci. Ranar aka sa ni a wasa don na farko ya ji ciwo a gwiwa, kuma ba a zura mini ƙwallo ko ɗaya ba.

Baƙon ya tambaya, ta bakin abokina, ko na ɗauki wasan nan sana'a. Na sunkuyar da kai na ce, "To, muna dai taɓawa." Duk Bahaushe ya san abin da wannan ke nufi, gwanin tela ma haka yake amsawa idan aka tambaye shi ɗinki. Abokina ya yi gajeriyar magana, baƙon ya gyaɗa kai ya rufe littafinsa. A hanyar gida abokina ya ce in kwantar da hankalina, ya yabe ni sosai, komai tamam.

Bayan wata biyu shi aka kira gwaji. Ni na raka shi kasuwar Ataba sayen rigar sanyi, ni na riƙe masa jaka har filin jirgi. Sai da ya tafi koci ya sa aka fassara masa rahoton baƙon, ya karanta mini: mai tsaron ragar ne ya fi burge shi, amma da bakinsa ya ce nishaɗi kawai yake yi. Koci ya dafa kafaɗata ya ce ma'alish, wato in yi haƙuri. Na kira abokina a waya, bai musa ba. Ya ce, "Haba ɗan'uwa, abin da ka faɗa na fassara, kalma da kalma."

Har yau wannan ke ci mini rai: bai yi ƙarya ba, ya dai san ma'anar ya ajiye ta a gefe. Kawaicinmu na gida ne, inda ake gane shi. Duk wanda zai tsaya gaban baƙo kan makomarsa, ya faɗi iyawarsa ƙarara, kuma kada ya ɗauki tafinta a cikin masu neman abin da yake nema.

Na koyi Faransanci. Bayan shekara huɗu wata ƙaramar ƙungiya ta ɗauke ni, da bakina na amsa tambayoyinsu.