Kocin da Aka Miƙa wa Butar Shayi

Duk safiyar hunturu, kafin motar ma'aikatan ma'adinai ta bar tasha, Zauresh tana kan filin ƙanƙara na bayan makaranta da shebur a hannu. Ta kwashe dusar da ta sauka, ta ja tiyo ta malala sabon ruwa don ya daskare sumul, sannan ta shiga 'yar rumfar katako ta hau wasa ƙarafan takalman yara. Kafin 'yan mata su iso da sandunansu na hoki, yatsunta sun ƙage, gwiwarta ta hagu ta fara yi mata tsiya. 'Yan matan apai suke ce mata, kamar kowace malama. Mu manyan gari kuwa, shekara kusan ashirin ke nan, kelin muke kiran ta, tunda auren Serik mai gyaran lantarki ne ya kawo ta cikinmu. Matar ɗa ba ta girma a bakin dangin miji, ko da furfura ta rufe mata kai.

Kafin ta zo nan gindin Altai, ta yi shekaru tana buga wa wata ƙungiyar ƙwararru ta mata wasa a Almaty, kuma baya take tsarewa. Kowa ya san rabon mai tsaron baya: kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi. Wadda ta jefa faifai, wato ɗan dunƙulen robar da ake bugawa, a raga ita ake ɗauka hoto. Wadda ta zube a gaban faifan da aka makaro kamar dutse, ta tare shi da haƙarƙari, sai dai ta miƙe ta kakkaɓe jiki. Raushan, golar da ta tsaya a bayanta duk waɗannan shekaru, takan ce, "Rabin abin da aka harbo mini a jikin Zauresh ya ƙare. Ku tambaye ta ina haƙoranta na gaba na asali."

Da ta fara tara 'ya'yanmu mata, gida-gida ta bi tana lallashin kakanni. Maƙwabta sun gan ta tana yanka tsohon bargon gashin tumaki tana ɗinka wa yara abin kare ƙwauri. Direban motar makaranta ya shaida ranar da ƙafar wata yarinya ta sandare don sanyi, Zauresh ta buɗe rigarta ta cusa ƙafar a cikinta har jini ya dawo. Amma koyarwarta akwai taurin kai. Duk yarinyar da ta zo, hunturun farko da baya-da-baya za ta yi ta zamiya, ko faifai ba za ta taɓa ba.

Wannan ya ishi Kuanish, shugaban iyayen yara, mutum mai son a yi abu a gani. Ya tare ta wata rana a bakin fili. "Kelin, 'yata Moldir na kawo ta ta koyi cin raga. Kullum ja da baya kamar rago zai yi karo, yaushe za a yi karon?"

"Aga, gaba kowa ya iya," in ji Zauresh, tana kiran sa yadda muke kiran yaya namiji. "Wadda ba ta iya komawa ta tsare gida ba, ba ni da wurin sa ta."

A bana aka yi karon. 'Yan matanmu na filin bayan makaranta suka je gasar lardi suka ɗauko kofi, Moldir ce ma ta jefa na ƙarshe. Kuanish ya yi ta yawo a gari kamar shi ya buga. Sai dai murnar da sauran magana. Raushan ta zo daga Almaty takanas, kuma kowa ya san abin da ya kawo ta: ana son Zauresh ta je ta horar da matasa mata a fili mai rufi, inda inji ke gyara ƙanƙara. In ta tafi, babu mai maye gurbinta a nan, kuma ƙanwar Moldir ta riga ta zaƙu hunturu mai zuwa ya yi ta shiga. Kuanish ya ce a bar masa. Zai shirya walimar da in Zauresh ta gani, ƙafarta ba za ta iya barin garin ba.

Ya kuwa shirya. Aka yanka doki da tumaki. Ya zaunar da babban baƙo daga ofishin gunduma a can ƙuryar girma, nesa da ƙofa, dattawa a damansa, Raushan a hagu. Aka kai wa mafi tsufa kan tunkiya ya rarraba. Aka yafa wa babban baƙo alkyabba mai aikin zare. Jawabi ya bi jawabi, ana yabon gunduma, ana yabon iyaye, ana yabon hannun Moldir.

Ana cikin haka tsohuwar Kuanish ta leƙa kwanonta ta ce, "Kelin, shayi ya huce." Ba da wata manufa ta faɗa ba, abin da bakinta ya saba ne. Zauresh ta miƙe daga inda ta raɓa kusa da ƙofa, ta karɓi buta. Kun san shayinmu, kaɗan ake zubawa a gindin kwano don girmama baƙo, saboda haka mai zubawa ba ta hutawa. Kwano ya je, kwano ya dawo. Duk muka miƙa namu, duk muka karɓa, babu wanda abin ya yi wa banbaraƙwai.

Sai da aka ba Raushan dama ta yi magana. Ta miƙe, ta dubi jerin manya ɗaya bayan ɗaya, ta ce, "Kuanish aga, kafin in ce komai, ina kuka ajiye kocin?"

Kuanish ya juya dama, ya juya hagu, yana neman ta a cikin masu alfarma. Can ya hango ta a bakin ƙofa, ta jingina da bango don ta sassauta wa gwiwa, buta a hannu, tsumma a kafaɗa. A gabanta 'yan matan ƙungiya ne a jere, lambobin yabo a wuya, kowacce ta sunkuyar da kai. Ji ya yi kamar ƙasa ta tsage ya shige.

Washegari Kuanish ya same ta a rumfar katako, ya rungumo sabuwar alkyabba a leda. Ya tsaya a gabanta ya ce, "Zauresh apai." Ranar ce ya fara kiran ta haka. "Na tafka abin kunya. Ki yafe mini."

"Na yafe, aga. Shayi kuwa ai na saba zubawa, ban ji komai ba."

"To ki zauna. Ki faɗi abin da kike so."

Ta ajiye takalmin da take wasawa. "Jiya da safe na ce wa Raushan ba inda za ni. Da yamma na ce mata to." Ta ɗago ta dube shi. "Ba don ni ba. Yaran nan nake ta faɗa wa in suka jure, za a san da su. Jiya sun zauna sun ga inda ake tsayar da mace bayan ta ci kofi. Da wane baki zan sake faɗa musu a garin nan?"

Kuanish ya ajiye ledar a kan benci ya fita, hularsa a hannu duk da sanyin.

Zauresh apai, ke ce bangon da muka jingina da shi muka manta bango ne. Ke ce kika tare wa 'ya'yanmu raini kamar yadda kika tare faifai, da jikinki, ba ki ce an cuce ki ba. Kin ba mu gwiwarki da ƙuruciyarki, mu kuma muka ba ki buta. Mun gode, godiyar da ta zo a makare, kuma muna jin nauyinta.

Ku 'yan mata, ku riƙe abin da ta koya muku, wata a cikinku ta daure ta ɗauki aikin nan. Ku kuma na sauran garuruwa, akwai irin ta a wurinku, tana nan tana aiki ba ku gani. Ku tashi ku ba ta wurin zama tun tana cikinku.

Ƙanƙara na narkewa za ta tafi. Allah ya kiyaye hanya, apai. Mu dai ba mu da bakin cewa ki zauna.