Zanen Japan da Ya Kusa Kashe Aure a Rusaifa

Mun bar gida da asuba zuwa filin jirgin Kano, la'asar ta yi mana a Jidda, ga harami a jiki, ga zafi. Hanyar Makka sumul take, har abokin tafiyata ya ce barci ya ƙi zuwa masa, don ya saba da jijjigar ramuka.

Da muka kammala Umara na wuce unguwar Rusaifa a Makka wajen ɗan baffana, haifaffen can, mai gyaran na'urar sanyaya ɗaki. Hausarsa rabi Larabci ce. Matarsa 'yar Damagaram ce, wainarta har daga unguwar Tandabawi ake zuwa saye. Amma shinkafa aka sayo mana a waje, ga tsada, kazar kuma kamar ta yi azumi.

Da ya fita aiki washegari, matar ta gaishe ni ta fashe da kuka. Ta ce ya hana ta sana'a, ya ƙwace wayarta, ko mai kawo gas ya yi sallama sai an kwana ana rigima. Ta riga ta gaya wa yayarta za ta koma gida.

Da yamma na ce ya kai ni kasuwar Utaibiyya sayen dabino. A mota na tambaye shi abin da ya gani har yake zargin matarsa. Bai ga komai ba. Da na matsa, ya miƙo min waya yana kau da kai. Finafinan zane ne na Japan, na batsa, da wasanni irinsu, wani abokin aikinsa ya koya masa. Labarinsu ɗaya: miji ya tafi nema, maƙwabci ko maigidansa ya lallaɓo ya yaudare matar.

"Yaya, wallahi matan duka da kunya suke farawa, kamar ita," in ji shi.

Na ce masa wanda ya zana su bai san matarsa ba, kasuwarsa yake ci. Na ƙara da cewa, "Mutum ɗaya na sani a gidanka da ke ɓoye abu a waya, kuma ba ita ba ce."

Ya yi fushi har muka dawo. Sai a Harami, bayan magariba, ya ce na yi gaskiya, ya goge finafinan a gabana. Na san gogewa ba ta da wuya, shi ya sa na tsaya sai da muka koma gida ya ba matarsa haƙuri da bakinsa, ya mayar mata da wayarta. Ba ta yi murmushi ba. Ta ce ta ji, za ta zauna zuwa azumi ta ga kamun ludayinsa.

Na dawo Kano lafiya, da zamzam da mura. Tafiyar ta koya min cewa zama kusa da Ka'aba ba ya tsare wa mutum idonsa, shi zai tsare abinsa. Kuma mai yawan zargi, a fara tambayarsa abin da yake kallo.