Majigin da Bai Je Sara Ba

Mahaifina ya taɓa fitowa a majigi, amma je ka tambayi masu rubuta tarihin fim a ƙasar nan, ko labarinsa ba su ji ba. Bayan samun mulkin kai ne malaman gona suka zo garinmu Sara da na'urar ɗaukar hoto, suna neman wanda zai fito a wawan manomi mai ƙin takin zamani. Kowa ya noƙe. Baba kuwa, da ma bakinsa ba ya rabo da barkwanci, ya ce a miƙo tsumman ya sa. Mutumin da rumbunsa uku! Suka ɗauka, suka tafi.

Ni lokacin ina ƙaramin akawu a Birnin Kudu, biro a aljihu, ina ji da kaina kamar ni na kawo boko. Can na ga fim ɗin a bakin kasuwa. Ga Baba a jikin farin ƙyalle, hula a karkace, yana bin malamin gona da fartanya, daga baya yana rusa kuka a gindin rumbun da ba ko ƙwaya. Mutane har da faɗuwa don dariya. Abokin aikina ya zungure ni, ya ce, "Kai, wannan ba tsohonka ba ne?" Na ce ban san shi ba. Wallahi haka na ce.

Abin takaicin, ni ke rubuta garuruwan da motar majigi za ta bi. Na sa Wurno, na sa Surko, na sa Gwaram, da na zo kan Sara sai na tsallake. Wai ni mutuncin gidanmu nake karewa.

Duk zuwan da na yi gida sai Baba ya ce, "Malam akawu, yaushe motarku za ta waiwaye mu? Ina so in ga kaina." In ce hanya ce ba kyau, in ce sai bayan damina. Har riga ya sa Inna ta ajiye masa don ranar.

Sai da arzikin man fetur ya shigo ƙasa, aka daina yayin majigi, sannan hankali ya zo mini. Na je ɗakin ajiya neman faifan fim ɗin, na tarar zafi ya narkar da shi, ya manne wuri guda.

Baba na kwance a ciwon da bai tashi ba ya riƙo hannuna. "Kai da ka gani, mutane sun yi dariya kuwa?"

Na ce, "Sun yi, Baba, har da masu faɗuwa."

Ya ce, "To alhamdu lillahi, ashe na iya. Da na ji shiru, na zaci ɓata musu aikin na yi, kake ɓoye mini."