Gangar Labo a Cikin Fim

Labo na Mahuta bai taɓa zama babban manomi ba, gonarsa ma 'yar mitsitsiya ce, amma a zamaninsa ba a gayya sai da shi. Shi ne mai gangar noma. Kowane ƙato a yankin yana da takensa, kuma duk suna cikin kan Labo. In ya kaɗa wa mutum nasa, sai ka ga ya zabura da fartanya kamar an tsikare shi.

Sai maganin feshi ya shigo, mutum guda da tanki a baya ya gama aikin gayya. Masu taken suka yi ta rasuwa. 'Ya'yan Labo kuwa, wannan acaɓa, wancan awon masara a kasuwar Dandume, ba mai kallon ganga. Abin da ke ci masa rai ke nan: ranar da ya kwanta dama, taken nan sun tafi da shi.

Ana nan, wata damina wani mai shirya fim daga Funtuwa, Sada, ya zo zai yi gajeren fim a kan noman da. Labo ya tambaye shi, "Yanzu in na kaɗa, zai zauna a ciki?"

"Har jikokinka sai sun gani, Baba."

Tsohon ya sake wa ganga fata. Aka jera samari a gonar dawa, ya kaɗa taken abokansa ɗaya bayan ɗaya, yana kiran sunayensu. Samarin ba su san ko ɗaya ba, amma wallahi sun yi noma ranar.

Bayan kaka Sada ya dawo da fim a waya, murna fal cikinsa. Ga dawa shar, ga Labo da ganga, hannu na tashi yana sauka. Sai dai abin da ke fita wani kiɗa ne mai taushi na situdiyo.

"Ƙara murya, ɗana," in ji Labo.

Sada ya ƙara har ƙarshe, sannan ya sunkuyar da kai. "Baba, iska ce ta ɓata sautin, shi ne muka ɗora wannan."

Labo ya kara wayar a kunnensa, ya daɗe yana saurare. Abin tausayi.

"Wannan wurin," ya ce yana nuna hannunsa a fim ɗin, "taken abokina marigayi Tanimu ne."